Jean Rouch da Ranar Gwaji

Duk wanda ya taɓa kai yadi ɗinki ya san teloli iri biyu ne. Akwai wanda zai kalle ka daga kan kekensa ya ce, "Na ga girmanka, Alhaji, ka dawo ran Laraba." Ran Laraba a miƙo maka riga a ninke cikin leda, sai ka isa gida ka tarar wuya ya shaƙe ka, hannu ya rufe yatsu, yadi kuwa ya riga ya yanku. Akwai kuma wanda zai taso da tef rataye a wuya, ya zagaya ka, ya auna kafaɗa da ƙirji da tsawon hannu, ya yi alama da alli a gefen yadin, kafin ya kashe ɗinki kuma ya aiko a kira ka gwaji. Ka sa rigar, ka tsaya gaban madubi, ya ce, "Ɗaga hannu mu gani." In ka ce hammata ta kama, ba ya yi maka musu. Ya san shi ya iya almakashi, amma kai ne a cikin rigar. Sai ya farke ya sake.

Masu ɗaukar rayuwar mutane a fim ma haka suka kasu. Galibin Turawan da suka shigo Afirka da kyamara a zamanin mulkin mallaka irin telan farko ne. Su tsaya daga nesa su ɗauka, su koma gida a ɗora wa hoton bayanin da aka ga dama, waɗanda aka ɗauka kuwa har su bar duniya ba su ga abin da aka haɗa da fuskokinsu ba. Jean Rouch ya yi ƙoƙarin zama irin na biyu. Bafaranshe ne, haihuwar Paris a 1917, ya rasu a haɗarin mota kusa da Birnin Ƙonni a watan Fabrairun 2004, aka binne shi a Yamai. Ya bar fina-finai fiye da ɗari, da yawansu a Nijar da maƙwabtanta. A ganina, abin da ya fi daraja a duk aikinsa shi ne wannan ɗabi'a ta komawa wurin mutane da abin da ya ɗauka, ya tsaya ya ji me za su ce.

Ba fim ya karanta ba. Injiniyan hanya da gada ne, kuma aikin hanya ne ya kawo shi Yamai a 1941, Faransa na hannun Jamusawa. A nan ya haɗu da wani saurayi daga cikin Sarkawa masunta, Damouré Zika, abotar da ta kai su shekara sittin da 'yan kai. A 1942 aradu ta faɗa wa leburorinsa ta kashe goma. Damouré ya ce wannan sha'anin kakarsa ce ta san shi, wata tsohuwa mai suna Kaliya. Rouch ya tsaya ya ga yadda ta jagoranci hidimar da Zabarmawa ke yi wa Dongo, iskan da suke danganta tsawa da shi, ya rubuta abin da ya gani. Daga ranar hankalinsa ya bar kwalbati ya koma kan mutane. Gwamnan mulkin mallaka na lokacin bai ji daɗin yadda yake cuɗanya da 'yan ƙasa ba, aka kore shi zuwa Dakar.

Bayan Yaƙin Duniya na Biyu ya dawo da abokansa biyu, Jean Sauvy da Pierre Ponty. Tsakanin 1946 da 1947 suka bi kogin Kwara a kwalekwale tun daga mafarinsa a Gini har inda ya zuba a teku a Nijeriya, tafiyar kilomita wajen 4,200. Yana riƙe da tsohuwar kyamara ƙirar Bell & Howell da ya saya a kasuwar 'yan gwanjo ta Paris, irin wadda ake murɗa wa wani ƙarfe kamar agogo, ta yi aiki daƙiƙa ashirin da 'yan kai ta tsaya. A hanya ƙafar da ake kafa kyamarar a kai ta salwanta. A wancan zamani ƙa'ida ce kyamara ta zauna daram a kan ƙafarta, shi kuwa dole ta sa ya riƙe tasa a hannu. Abin da ya gano shi ne abin da kowane tela nagari ya sani: ba a awo daga zaune. Sai ka taso, ka kusanci mutum, ka zagaya shi, ka durƙusa in ya kama. Daga nan har ƙarshen rayuwarsa da ƙafa yake ɗaukar fim, yana shiga cikin taro, yana bin masu rawa da masu farauta a sawunsu.

Abin da ya ɗauko a wannan tafiya ya koya masa wani darasi mai ɗaci. Kamfanin labarun majigi da ya sayi hotunan shi ya tace su, ya sauya jerinsu, ya ɗora musu kiɗa da murya mai zuzuta duhun kai, aka fitar da fim ɗin da suna Au pays des mages noirs, wato a ƙasar baƙaƙen matsafa. Shi ya yi awo, wani can da bai taɓa ganin mutanen ba ya yanka. Rouch ya sha faɗin rashin jin daɗinsa da wannan fim har tsufansa.

Gwaji na gaskiya a Ayoru aka yi shi, a bakin kogi, arewa da Tilaberi. Ya ɗauki Sarkawa suna farautar dorina a 1951, ya haɗa fim mai suna Bataille sur le grand fleuve, gumurzu a babban kogi. A 1954 ya komo da majigi da janareto, aka rataya farin zane, gari ya taru da dare. Da farko idon jama'a na kan na'urar da ke ƙara. Can sai suka fara gane kansu. Ga wane a goshin jirgi da mashi, ga wane da ya rasu bara yana tafiya da ƙafarsa, mata suka fashe da kuka. Aka sake nunawa, aka kuma sakewa. Da ido ya saba, sai baki ya buɗe. Rouch ya sa wani kiɗan farauta a ƙarƙashin wurin da ake bin dorina, don abin ya ƙara armashi. Masunta suka ce sam. Suka ce ai dorina na ji a cikin ruwa, kiɗa ƙarfin zuciya zai ba ta, kuma su ba a taɓa farautarta da hayaniya ba, tsit ake yi.

Ga inda hammata ta kama. Wani zai iya yin murmushi ya ce ƙauyawa ba su gane cewa daga baya aka ɗora kiɗan ba. Rouch bai ɗauke shi haka ba. Ya gane maganarsu daidai ce ta fuskar da ta fi muhimmanci: kiɗan nan ɗabi'ar silimar Turai ce, ya liƙa wa farautar wani yanayi da ba nata ba. Shirun da maharbi ke yi yana jiran dabbar ta ɗago kai shi ne cikon aikin. Ya cire kiɗan, kuma daga nan ya rage ɗora wa irin waɗannan fina-finai kiɗan da ba a wurin aka yi shi ba. Mai digiri daga Paris ya karɓi gyara daga masunci da bai taɓa shiga silima ba. Na daɗe ina jinjina wannan, domin ko a tsakaninmu ba kowane mai ilimi ke iya hakan ba.

Wannan dare bai tsaya a gyara ba, ya jawo sabon ciniki. Wani maharbi, Tahirou Koro, ya ce in dorina ta burge shi, to ya zo ya ga yadda suke farautar zaki da kwari da baka. Rouch ya yi shekaru yana kai da komo zuwa dajin da ke kan iyakar Nijar da Mali da Burkina Faso ta yau, yana bin maharba tun daga haɗa dafin kibiya da ɗana tarko har zuwa lallashin da suke yi wa zaki in ya zo gargara. Fim ɗin, La chasse au lion à l'arc, ya fito a 1965 ya ci kyauta a Venis. Damouré da abokansa kuma suka ce su ma a yi fim da su, amma wanda za su taka rawa a ciki.

Haka aka haifi Jaguar. Samari uku, Damouré, da Lam Ibrahim Dia Bafillace makiyayi, da Illo Gaoudel masunci, suka kama hanyar ci-rani zuwa Gwalkwas, Gana ta yau, hanyar da dubban Zabarmawa da Hausawa ke bi duk rani. Suka ratsa har Akra da kasuwar Kumasi, suka yi ƙwadago, suka kasa kaya, suka komo gida da tsaraba da labari. Babu rubutaccen labari. Da safe a zauna a shawarta abin da za a yi yau, a fita a yi. Kyamarar ba ta ɗaukar murya, saboda haka daga baya aka zaunar da su gaban hoton, suna kallo suna magana, suna tsokanar juna, suna yi wa mutanen da suka gamu da su sharhi. Wannan hirar ita ce muryar fim ɗin. An ɗauke shi a tsakiyar shekarun 1950, bai fito ba sai 1967. Wanda ya kalle shi zai ji bambanci nan take: a karon nan baƙon ƙasa da ake wa kallon mamaki shi ne wanda 'yan ci-rani suka tarar a hanya, masu kallon kuwa su ne.

Ya maimaita wannan dabara a unguwar Treichville ta Abijan, a fim ɗin Moi, un noir na 1958. Jigon fim ɗin wani ɗan Yamai ne mai dako a tashar jiragen ruwa, Oumarou Ganda, tsohon sojan Faransa da ya yi yaƙin Indocina. Shi da abokansa sun laƙaba wa kansu sunayen taurarin silima, shi Edward G. Robinson, wani Eddie Constantine. Akwai wurin da Ganda ke tafiya a bakin ruwa yana ba wani ƙaramin abokinsa labarin yaƙi, sai jikinsa ya ɗauka, ya faɗi ƙasa ya yi rarrafe, ya yi kamar yana jefa gurneti, yana faɗin yadda aka yi amfani da su aka watsar. Ba a rubuta masa ko kalma ɗaya ba. Fim ɗin ya ci kyautar Louis Delluc, kuma matasan daraktocin Faransa irin su Jean-Luc Godard sun ɗauki darasi a cikinsa: ashe ana iya fita titi da ƙaramar kyamara a yi fim da mutanen gari.

A nan wani zai ce, to ina gaskiyar, tunda mutanen nan wasa suke yi? Amsar Rouch ta yi daidai da abin da ke faruwa a shagon tela. Ba wanda ke tsayawa awo yadda yake tsayawa a gida. Da an ɗora masa tef sai ya miƙe, ya buɗe ƙirji, ya haɗiye tumbi. Tela ya ce, "Saki jikinka, Malam," amma ya riga ya ga abu biyu: jikin mutumin, da kuma jikin da mutumin yake so a gan shi da shi. Rouch bai yarda kyamara za ta iya ɓuya har mutane su manta da ita ba, kuma bai so ta ɓuya. Ya ce zuwanta ne ke sa mutum ya fito da abin da ba zai fito da shi ba a ranar banza. Ɗan dakon da ya kira kansa da sunan tauraron Amurka ya gaya maka burinsa da takaicinsa fiye da yadda kowace tambaya za ta tono.

Ya kai wannan tunani gida. A bazarar 1960, ana tsakiyar yaƙin Aljeriya, shi da masanin zamantakewa Edgar Morin suka juya kyamara kan mutanen Paris. Aka aika 'yan mata biyu titi da makirufo suna tambayar masu wucewa ko suna cikin farin ciki. Aka zauna da ma'aikacin kamfanin motoci na Renault, da ɗalibai, da wata matashiya, Marceline Loridan, wadda ta tsira daga sansanin Auschwitz. A wata hira Rouch ya tambayi ɗaliban Afirka biyu ko sun san ma'anar lambar da ke zane a hannunta. Ba su sani ba, har aka yi hasashen ko lambar tarho ce. Da aka faɗa musu, wurin ya yi tsit. A ƙarshen fim ɗin, Chronique d'un été, aka tara duk waɗanda suka fito aka nuna musu, aka kuma ɗauki gardamar da ta biyo baya. Wasu suka ce wance wasa take yi, wasu suka ce wance ta tona cikinta fiye da kima har abin ya zama abin kunya. Gwajin Ayoru ke nan aka yi a Paris, sai dai a wannan karon an bar shi a cikin fim ɗin kowa ya gani. Fim ɗin ya ci kyautar masu sharhi a bikin fina-finai na Kan a 1961.

Amma ba zan ɓoye inda nake ganin ya yi kuskure ba, kuma kuskuren babba ne. A 1954, a wajen Akra, 'yan ƙungiyar Hauka suka gayyace shi ya ɗauki taronsu na shekara. Wannan wani reshe ne na bori da ya ɓullo a yankin Filinge wajen 1925, inda iskokin da ke hawa mutane suke zuwa da siffar masu mulkin mallaka: gwamna, janar, kofur, direban jirgin ƙasa, matar likita. 'Yan ci-rani suka tafi da wannan bori Gwalkwas. A fim ɗin, Les Maîtres fous, ana ganin mutane idanu a juye, kumfa na zuba a baki, suna fareti da bindigogin katako, suna yanka kare suna ci. A ƙarshe Rouch ya nuna su washegari a bakin aikinsu, lafiya lau, suna murmushi, yana nufin mai kallo ya tambayi kansa wa ke da ainihin ciwon, su ko tsarin da suke kwaikwayo. Niyyar mai kyau ce. Sai dai da aka nuna fim ɗin a gidan tarihi na Musée de l'Homme a Paris, malaminsa Marcel Griaule ya ce a lalata shi, 'yan Afirka da ke zauren ma ransu ya ɓaci matuƙa. Turawan Ingila suka hana nuna shi a Gwalkwas don sun ga da su ake. Duk da haka ya ci kyauta a Venis a 1957.

Ba sai mutum ya yarda da bori ko ya ƙi shi ba kafin ya ga matsalar. Akwai tufar da ake ɗinka wa mutum don cikin ɗaki. Ko da shi ya kawo yadin da hannunsa, ko da awon ya yi daidai, ba a rataye ta a bakin kasuwa. Waɗanda suka gayyaci Rouch sun san abin da suke yi a tsakaninsu, amma ba su san zauren Paris ba, ba su san idon da ya daɗe yana neman hujjar cewa baƙar fata dabba ne ba. Shi ya sani. Kuma mutanen da hoton zai shafa sun wuce 'yan Hauka, sun haɗa da kowane ɗalibi baƙi da zai fito daga silimar ya hau jirgin ƙasa da waɗanda suka kalla. Su ba wanda ya kira su gwaji. Shi ya sa da daraktan fim Ousmane Sembène na Senegal ya gaya masa a fuska a 1965 cewa masana irinsa suna kallon 'yan Afirka kamar ƙwari, maganar ta zauna, har yau ana maimaita ta. Ban yarda ta dace da Jaguar ko Moi, un noir ba. Amma ta sami wurin kamawa a wannan fim.

Akwai kuma abin da gwaji ba ya sauyawa: almakashi na hannun tela. A Paris ake tace fim, muryar Rouch ce ke bayani a yawancinsu, sunansa ne a sama, shi ake gayyata bukukuwa. Ya san da haka, kuma ya yi ta neman hanyar ragewa. Shi da Damouré da Lam da Tallou Mouzourane suka haɗa farkon sunayensu suka kira kansu Dalarouta, da wannan suna suka yi Cocorico Monsieur Poulet a 1974, labarin masu sayen kaji a ƙauyuka da wata tsohuwar mota da sai an kwance ta kafin a haye kogi. A Petit à petit kuwa, wanda ya fito a 1971, Damouré ne ya je Paris a matsayin attajirin Ayoru mai son gina dogon bene. Ya tsaya a dandalin Trocadéro, dab da gidan tarihin da aka tara kayan mutanen Afirka, yana tare Faransawa yana auna musu kai da ma'auni, yana cewa su buɗe baki ya ƙirga haƙora, yana rubutawa a littafi, kamar yadda aka yi wa kakanninsa. Ana dariya, amma dariyar na da nauyi. An miƙa wa mai riga tef ya auna tela.

Sauran aikinsa na haƙuri ne. Daga 1967 zuwa 1973 shi da masaniyar al'adu Germaine Dieterlen sun bi bikin Sigi na Dogon a duwatsun Bandiyagara, bikin da ake yi sau ɗaya a shekara sittin, yana zagaya ƙauyuka shekara bakwai. A 1971 a Simiri ta Zarmaganda ya ɗauki fim ɗin Tourou et Bitti a ɗauka ɗaya ta kusan minti goma ba yankewa, yana tafiya da kyamara a kafaɗa daga bakin gari har tsakiyar makaɗa.

Shagon kirki ana gane shi da yaran da suka fita suka buɗe nasu. Safi Faye ta Senegal a Petit à petit ta fara, ta zama ɗaya daga cikin matan Afirka na farko da suka ba da umarnin fim. Moustapha Alassane ya koyi aiki a kusa da Rouch a Yamai, ya zama jagaban fim ɗin zane mai motsi a wannan yanki. Oumarou Ganda kuwa ya ɗauki labarin nan nasa na Indocina ya sake yanka shi da hannunsa a Cabascabo, da harshen Zabarma: sojan da ya dawo da kuɗi, abokai suka taya shi cinyewa suka watse, ya juya ya nufi gona. A 1972 fim ɗinsa Le Wazzou polygame ya ɗauki babbar kyautar bikin FESPACO na Wagadugu, karo na farko da aka ba da ita. Ya rasu a 1981, akwai cibiyar al'adu mai sunansa a Yamai.

Ita ma cibiyar al'adu ta Faransa da Nijar ta daɗe tana ɗauke da sunan Jean Rouch. A 2024 hukumomin Nijar suka sauya mata suna zuwa na Moustapha Alassane, wanda yana cikin motar nan a hanyar Ƙonni tare da Damouré ranar da Rouch ya cika. Sauyin bai dame ni ba, gida ya koma sunan ɗan gida. Abin da nake roƙo shi ne kada fina-finan su bi sunan su fita. A cikinsu akwai kakannin mutanen Ayoru da Simiri da Yamai suna tafiya suna magana, akwai kasuwar Kumasi yadda 'yan ci-raninmu suka same ta shekara saba'in da suka wuce. Jikokinsu na da haƙƙin a kai musu, a fassara musu da Zabarmanci da Hausa, su kalla su faɗi inda aka yi daidai da inda aka ƙara gishiri.